Lissafin aikin lebura a fanshon ma'aikatan jirgin ƙasa na Indiya

Lissafin aikin lebura a fansho ƙa'ida ce a dokokin ma'aikatan jirgin ƙasa na Indiya, wadda take bayyana adadin shekarun da za a ƙirga wa ma'aikaci daga cikin lokacin da ya yi yana aikin biyan yini, kafin a tabbatar da shi a matsayin cikakken ma'aikaci. Bisa hukuncin da Kotun Ƙolin Indiya ta yanke ranar 24 ga Maris, 2017, ana ƙirga rabin wannan lokaci a cikin shekarun fansho, da sharaɗin daga baya an ɗauki mutumin aiki na dindindin. Lokacin da ya yi bayan ya kama tabbataccen gurbi kuwa ana ƙirga shi gaba ɗaya.

Batun yana da nauyi saboda dokar fansho ta tanadi cewa sai ma'aikaci ya cika shekara 10 na aikin da ake lissafawa kafin ya samu fanshon wata-wata. Leburori da yawa sun shafe shekara 15 ko 20 a kan layin dogo kafin a tabbatar da su, kuma shekarun ritaya suka riske su jim kaɗan bayan haka. A wajen irin waɗannan, yadda aka ƙirga shekarun leburanci shi yake raba mai fansho da wanda zai koma gida da kuɗin sallama kaɗai.

## Asali

Jirgin fasinja na farko a Indiya ya tashi daga Bombay zuwa Thane ranar 16 ga Afrilu, 1853. Tun zamanin mulkin Turawan Ingila, shimfiɗa layin dogo da kula da shi sun dogara da leburori masu yawa waɗanda ake ɗauka idan aiki ya taso, a sallame su idan ya ƙare. Bayan samun 'yancin kai a 1947, gwamnati ta haɗe layukan ƙasar a ƙarƙashin shiyyoyi tun daga 1951, amma tsarin leburanci bai kau ba. Hukumar Gudanarwar Jiragen Ƙasa, wadda aka kafa a 1905, ita ce take fitar da umarni kan ɗaukar waɗannan ma'aikata da haƙƙoƙinsu.

Kafin 1957, ma'aikatan reluwe ba su da fansho. Abin da suke da shi asusun ajiya ne, wanda ma'aikaci yake zuba wani kaso na albashinsa, hukuma ta ƙara nata, a ba shi a dunƙule ranar ritaya. A 1957 aka shigo da tsarin fansho, aka ba tsofaffin ma'aikata zaɓi tsakanin tsarin biyu. Leburan biyan yini ba su cikin ko ɗaya, domin a idon doka ba su riƙe da gurbi, kuma ba daga kason albashin ma'aikata ake biyansu ba. Ana biyansu ne daga kuɗin hidimomin yau da kullum ko daga kasafin aikin da aka ɗauke su dominsa.

Manyan ƙungiyoyin ƙwadagon reluwe guda biyu, AIRF da aka kafa a 1924 da NFIR da aka kafa a 1953, sun daɗe suna neman a kawo ƙarshen wannan tsari. Tabbatar da leburori a aiki yana cikin buƙatun babban yajin aikin watan Mayun 1974, wanda George Fernandes ya jagoranta.

## Rabe-raben ma'aikatan

Kundin tsarin ma'aikatan reluwe na Indiya ya ware babi guda ga leburori. A bugun 1968 babi na 25 ne, a bugun 1990 kuma ya koma babi na 20. Kundin ya bayyana lebura da cewa shi ne wanda aikinsa na ɗan lokaci ne, ko na wani yanayi na shekara, ko mai yankewa, ko kuma wanda yake tashi daga wannan aiki zuwa wancan. Akwai rukuni uku da suka shafi lissafin fansho:

- Leburan layi mai aiki. Su ne waɗanda ake ɗauka domin hidimar yau da kullum a layin da jirage suke bi, kamar gyaran dogo, sintiri a lokacin damina, ɗaukar kaya da shara a tasha.
- Leburan sabon aiki. Su ne waɗanda ake ɗauka domin shimfiɗa sabon layi, gina gada, ninka layi ko sa wutar lantarki. Hukuma tana ɗaukar cewa aikinsu yana ƙarewa da ƙarewar ginin, ko da yake a zahiri akan kwashe su zuwa wani ginin.
- Masu riƙon gurbi. Su ne waɗanda ake sa wa a gurbin da ya riga ya wanzu, idan mai shi ya tafi hutu ko ba a samu wanda za a naɗa ba. Ana biyansu bisa matakin albashin gurbin tun ranar farko, don haka dokarsu ta bambanta da ta leburori.

Yawancin leburan da aka tabbatar sun shiga rukunin ƙananan ma'aikata ne, wanda a da ake kira aji na huɗu, daga baya rukunin D. A cikinsu akwai 'yan gyaran dogo da kuma *khalasi*, wato mataimakin mai sana'a.

## Matakai uku na aikin lebura

Rayuwar aikin lebura a reluwe takan bi matakai uku, kuma duk gardamar lissafi a kansu take.

Mataki na farko shi ne zallar leburanci. Ana biyan mutum kuɗin yini, ba shi da hutu mai albashi, kuma ana iya dakatar da shi da zarar aiki ya ja baya.

Mataki na biyu shi ne matsayin wucin gadi. Leburan layi mai aiki yana samun wannan matsayi idan ya yi kwana 120 yana aiki a jere. A da wata shida ne, aka rage shi zuwa wata huɗu a 1973, bayan shawarar kotun ƙwadagon reluwe da Mai Shari'a Miabhoy ya shugabanta. Leburan sabon aiki kuwa sai ya yi kwana 360. Mai wannan matsayi yana samun albashi bisa mataki, da hutu, da magani a asibitin reluwe, da takardar shiga jirgi kyauta, kuma ba a korarsa sai an bi ƙa'idar ladabtarwa. Duk da haka sakin layi na 2005 na kundin ya fayyace cewa ba ya zama cikakken ma'aikaci har sai an tantance shi an ba shi gurbi, kuma shekarun nan ba sa shiga lissafin girma a aiki.

Mataki na uku shi ne tabbatarwa. Kwamiti yana tantance leburori bisa yawan kwanakin da suka yi, likita ya duba lafiyarsu, sannan a naɗa su a gurbin da ya samu. Da yake gurabe ba su kai yawan masu jira ba, mataki na biyu yakan ɗauki shekaru masu yawa. A 1996, lokacin da Ram Vilas Paswan yake ministan jiragen ƙasa, aka yanke shawarar tabbatar da leburori kusan 56,000 da suke kan rajista a ƙarshen watan Afrilun shekarar.

Kalmar "a jere" ta jawo shari'u da dama, saboda an sha zargin wasu jami'ai da dakatar da lebura na 'yan kwanaki gab da cikar kwana 120, domin lissafi ya koma farko. Kundin ya tanadi cewa wasu nau'o'in rashin zuwa aiki ba sa yanke jerin, kamar jinyar raunin da aka ji a bakin aiki, da fashin da aka yi da izini wanda bai wuce kwana 20 ba.

## Abin da dokokin fansho suka tanada

Dokokin Fanshon Ma'aikatan Reluwe na 1993, waɗanda aka yi a ƙarƙashin sashe na 309 na tsarin mulkin Indiya, su ne suka tattara ƙa'idojin da a da suke warwatse a takardun umarni. Waɗanda suka shafi wannan batu su ne:

- Ƙa'ida ta 20 ta ce aikin da ake lissafawa yana farawa daga ranar da ma'aikaci ya kama gurbin da aka fara naɗa shi, ko naɗin na dindindin ne, ko na riƙo, ko na wucin gadi, muddin naɗin dindindin ya biyo baya ba tare da yankewa ba. Aikin da aka yi kafin cika shekara 18 da haihuwa ba ya shiga.
- Ƙa'ida ta 31 ta ce ana ƙirga rabin aikin da aka biya daga kuɗin hidimomin yau da kullum idan an ɗauki mutum aikin dindindin. Bayanin da ke ƙarƙashinta ya ce ta shafi leburori.
- Ƙa'ida ta 32 ta shafi masu riƙon gurbi. Ana fara ƙirga musu aiki cikakke bayan wata huɗu a jere, malaman makarantun reluwe kuma bayan wata uku, idan tabbatarwa ta biyo baya ba yankewa.
- Ƙa'ida ta 69 ta tsara yawan fansho da sharaɗin shekara 10.
- Ƙa'ida ta 107 ta ba da ikon sassauta wata ƙa'ida idan bin ta zai jefa wani cikin ƙunci fiye da kima.

Ƙa'ida ta 31 tana da sharuɗɗa. Dole aikin ya kasance na cikakken yini. Dole ya kasance irin aikin da za a iya buɗe wa tabbataccen gurbi, kamar na mai lambu, mai gadi ko *khalasi*. Dole a riƙa biyan kuɗin wata-wata, ko a lissafa shi da yini amma a biya a ƙarshen wata. Dole ya kasance a jere har zuwa tabbatarwa. Sannan lokacin da ya biyo bayan 1 ga Janairu, 1961 kaɗai ake dubawa, kuma sai akwai sahihan takardun aiki.

Kafin dokokin 1993, takardar umarnin Hukumar Gudanarwa ta ranar 14 ga Oktoba, 1980 ita ce ta fara amincewa a ƙirga wa leburori rabin aikin da suka yi bayan samun matsayin wucin gadi. A kan wannan takarda ofisoshin reluwe suka daɗe suna aiki: rabi ga mataki na biyu, babu komai ga mataki na farko.

## Manyan shari'u

Tun 1985 ƙorafin ma'aikatan gwamnatin tsakiya yana fara zuwa kotun musamman ta harkokin ma'aikata, wadda ta fara zama ranar 1 ga Nuwamba na shekarar. Daga 1997 ana iya ƙalubalantar hukuncinta a babbar kotun jiha, daga nan sai Kotun Ƙoli. Tushen duk waɗannan shari'u shi ne matsayar Kotun Ƙoli cewa fansho haƙƙi ne da ma'aikaci ya samu da guminsa, ba kyautar da gwamnati take bayarwa in ta ga dama ba. Kotun ta faɗi haka a shari'ar Deokinandan Prasad a 1971, ta kuma jaddada shi a shari'ar D. S. Nakara a watan Disamban 1982.

### Robert D'Souza, 1982

Mai ƙarar ya fara aiki a Reluwen Kudu a 1948 a matsayin ɗan gyaran dogo, aka sallame shi a 1974, hukuma tana cewa har lokacin lebura ne na sabon aiki. Kotun Ƙoli ta ce ya riga ya samu matsayin wucin gadi, kuma sallamar da aka yi masa ba tare da bin sashe na 25F na Dokar Rikicin Masana'antu ta 1947 ba haramtacciya ce. Shari'ar ba ta fansho ba ce, amma ta nuna cewa ba za a riƙe mutum shekaru da sunan lebura don a hana shi haƙƙi ba.

### Inder Pal Yadav, 1985

Kafin wannan shari'a, leburan sabon aiki ba sa samun matsayin wucin gadi komai daɗewarsu. Da ƙararraki suka taru, ma'aikatar jiragen ƙasa ta gabatar wa kotu tsarin ba su matsayin bayan kwana 360, wanda zai shafi waɗanda suke aiki a ranar 1 ga Janairu, 1984. A watan Afrilun 1985 Kotun Ƙoli ta karɓi tsarin, amma ta mayar da ranar baya zuwa 1 ga Janairu, 1981, domin kada waɗanda aka sallama a tsakani su yi asara. An aiwatar da shi daki-daki: masu shekara biyar suka samu daga 1981, masu shekara uku zuwa biyar daga 1982, masu kwana 360 zuwa shekara uku daga 1983.

### Radhakrishana Panickar, 1998

Leburan sabon aiki sun nemi a ƙirga musu aikin da suka yi kafin 1981, kamar yadda ake yi wa 'yan layi mai aiki, suna cewa bambancin ya saɓa wa sashe na 14 na tsarin mulki, wanda ya tanadi daidaito a gaban doka. Kotun Ƙoli ba ta yarda ba. Ta ce matsayin wucin gadi sabon haƙƙi ne da tsarin 1985 ya ba su, don haka tsayar masa da ranar farawa ba nuna bambanci ba ne.

### Fanshon iyali

Wani reshe na gardamar ya shafi matan leburan da suka rasu suna mataki na biyu. A shari'ar Prabhavati Devi kotu ta ba matar wani mai riƙon gurbi fanshon iyali. Amma a shari'ar Rabia Bikaner a 1997, da ta Chanda Devi a watan Disamban 2007, Kotun Ƙoli ta ce lebura mai matsayin wucin gadi daban yake da ma'aikacin wucin gadi da aka naɗa a gurbi. Saboda haka idan lebura ya rasu kafin a tabbatar da shi, iyalinsa ba su da fanshon iyali, ko da ya yi shekaru masu yawa yana aiki.

### Saɓanin manyan kotuna

A shari'ar Shaik Abdul Khader, Babbar Kotun Andhra Pradesh ta fassara ƙa'ida ta 20 da cewa mai matsayin wucin gadi ya riga ya kama gurbi, don haka a ƙirga masa mataki na biyu gaba ɗaya, mataki na farko kuma rabi. Babbar Kotun Delhi da wasu rassan kotun ma'aikata sun bi wannan fassara a ƙararraki da dama. Wasu alƙalan, har a Andhra Pradesh ɗin kanta, sun ƙi bin ta. Sakamakon haka leburori biyu masu tarihin aiki iri ɗaya sukan samu lissafi daban, gwargwadon kotun da ƙararsu ta faɗa.

### Rakesh Kumar, 2017

Gwamnatin tarayya ta ɗaukaka ƙara kan hukunce-hukuncen Babbar Kotun Delhi. Alƙalai biyu, A. K. Sikri da Ashok Bhushan, suka saurari ƙarar, Ashok Bhushan ya rubuta hukuncin. Kotun ta ce ba da matsayin wucin gadi ba naɗi a gurbi ba ne, don haka ƙa'ida ta 20 ba ta hau kansa ba. A ɗaya ɓangaren kuma ta lura cewa ƙa'ida ta 31 ba ta ware aikin da aka yi kafin samun matsayin ba. Ta taƙaita matsayarta a abubuwa huɗu:

1. Lebura da ya samu matsayin wucin gadi, ana ƙirga masa kashi 50 cikin 100 na aikinsa har zuwa ranar da aka tabbatar da shi.
2. Aikin da ya yi kafin samun matsayin, shi ma ana ƙirga kashi 50 cikin 100.
3. Wanda aka naɗa a gurbi, ko na dindindin, ko na riƙo, ko na wucin gadi, ana ƙirga masa dukan lokacin daga ranar da ya kama gurbin.
4. Jami'in da yake amincewa da fansho yana iya miƙa wa Hukumar Gudanarwa shawarar sassauci a ƙarƙashin ƙa'ida ta 107, ga wanda aka tabbatar amma bai cika sharaɗin fansho ba, idan halinsa ya cancanci haka.

Hukuncin ya raba nasara tsakanin ɓangarorin biyu. Gwamnati ta samu abin da ta nema a mataki na biyu, ma'aikata kuma suka samu rabin mataki na farko, wanda a da ofisoshi ba sa ƙirgawa.

## Misalin lissafi

A ɗauka wani ɗan gyaran dogo ya yi shekara 4 a zallar leburanci, shekara 10 a matsayin wucin gadi, sannan shekara 3 bayan tabbatarwa. Jimillar aikinsa shekara 17 ke nan. Ga yadda hanyoyi uku suke ƙirga masa:

| Hanyar lissafi | Mataki na farko | Mataki na biyu | Mataki na uku | Jimilla |
|---|---|---|---|---|
| Umarnin 1980 | 0 | 5 | 3 | 8 |
| Fassarar Andhra Pradesh | 2 | 10 | 3 | 15 |
| Hukuncin 2017 | 2 | 5 | 3 | 10 |

A hanya ta farko bai kai shekara 10 ba, don haka ba shi da fanshon wata-wata. Abin da zai samu a madadinsa kuɗin sallama ne a dunƙule, wato albashin rabin wata kan kowane wata shida da aka ƙirga masa. A hanya ta uku ya cika shekara 10 daidai, ya zama ɗan fansho har ƙarshen rayuwarsa.

Dokar tana ƙirga aiki ne da zangon wata shida-shida, kuma ragowar da ta kai wata uku ana ɗaukarta a matsayin cikakken zango. Saboda haka wanda lissafinsa ya kai shekara 9 da wata 9 ana ɗaukarsa ya cika 10. Wannan ya sa a wasu ƙararraki gardamar takan tsaya a kan 'yan makonni na leburanci da aka yi shekara 30 ko 40 da suka wuce.

## Tasirin lissafin a kan kuɗi

A tsohon tsari, cikakken fansho, wato rabin albashi, sai wanda ya yi shekara 33. Wanda bai kai ba ana rage masa gwargwadon shekarunsa, don haka kowace shekara da aka ƙirga tana ƙara kuɗin wata. Bayan shawarwarin Kwamitin Albashi na Shida, waɗanda suka fara aiki daga 2006, an cire wannan sharaɗi. Wanda ya kai shekarun ritaya, waɗanda suke 60 tun 1998, kuma yana da shekara 10 na lissafi, yana samun rabin albashinsa na ƙarshe ko rabin matsakaicin albashin wata 10 na ƙarshe, duk wanda ya fi yawa. Daga 1 ga Janairu, 2016 mafi ƙarancin fansho ya zama rupi 9,000 a wata, ban da alawus na tsadar rayuwa.

Garatutin ritaya kuwa har yanzu yana bin yawan shekaru. Ana samunsa bayan shekara 5 na lissafi, kuma yawansa kwata ne na albashin wata kan kowane zangon wata shida, har iyakar ninki 16 da rabi. Don haka ko wanda ya riga ya haye shekara 10 yana da abin da zai ƙaru da shi idan aka ƙirga masa rabin leburancinsa.

A ɓangaren hukuma, reluwen Indiya daga kuɗin shigarta take biyan fansho, kuma yawan 'yan fanshonta ya zarce yawan ma'aikatan da suke bakin aiki, waɗanda suka haura miliyan ɗaya. Wannan nauyi yana cikin dalilan da suka sa take bin irin waɗannan ƙararraki har Kotun Ƙoli.

## Hujjar aiki da takardu

Sharaɗin sahihan takardu shi ne inda masu nema da yawa suke tsayawa. Babbar hujja ita ce katin lebura, wanda ake rubuta kwanakin aiki a ciki, mai kula da aiki ya sa hannu. Sai rajistar halartar aiki, da takardun biyan kuɗi, da littafin dangwalen yatsa, da rajistar leburan da aka sallama waɗanda suke jiran a sake kiransu. Yawancin waɗannan takardu ofisoshi ba sa ajiye su har abada, leburori da yawa kuma ba su yi karatun da za su duba abin da aka rubuta musu ba. Idan katin ya ɓace kuma ofis ya ce takardunsa sun lalace, akan koma ga littafin aikin da aka buɗe wa mutum lokacin tantancewa, inda galibi ake rubuta jimillar kwanakin da ya yi kafin nan.

Jinkiri ma yana shiga. Kotuna suna ɗaukar ƙarancin fansho a matsayin cutarwa mai maimaituwa kowane wata, don haka ba kasafai suke korar ƙara saboda tsufanta kawai ba, amma sukan taƙaita bashin da za a biya zuwa 'yan shekarun da suka gabaci shigar da ƙarar.

## Dangantaka da sabon tsarin fansho

Ma'aikatan gwamnatin tsakiya da aka ɗauka daga 1 ga Janairu, 2004 suna ƙarƙashin sabon tsari na adashi, inda ma'aikaci da gwamnati suke zuba kuɗi a asusu, abin da zai samu kuma ya danganta da abin da asusun ya tara. Dokokin 1993 sun shafi waɗanda aka ɗauka kafin wannan rana ne. Wannan ya haifar da sabuwar tambaya game da wanda ya samu matsayin wucin gadi kafin 2004 amma aka tabbatar da shi bayanta. A 2014 Hukumar Gudanarwa ta amince cewa masu riƙon gurbi da suke cikin wannan hali suna ƙarƙashin tsohon tsari. Daga 1 ga Afrilu, 2025 gwamnati ta ƙara wani zaɓi na haɗaɗɗen tsarin fansho ga waɗanda suke cikin tsarin adashi.

## Muhawara

Ƙungiyoyin ƙwadago suna ganin rabi bai isa ba, musamman a mataki na biyu. Hujjarsu ita ce mai matsayin wucin gadi yana yin aiki iri ɗaya da tabbataccen ma'aikaci, awoyi ɗaya, a matakin albashi ɗaya, kuma jinkirin tabbatar da shi daga hukuma yake. A ganinsu bai kamata a yanke masa rabin shekarunsa saboda abin da ba shi da iko a kai ba. Suna kuma nuni da halin matan da mazajensu suka rasu kafin tantancewa.

Hukuma kuwa tana cewa lebura bai bi hanyar ɗaukar aiki ta gasa ba, bai riƙe gurbi ba, don haka rabin da ake ba shi sassauci ne da doka ta yi. Wannan matsaya ta yi daidai da hukuncin alƙalai biyar na Kotun Ƙoli a shari'ar Umadevi a 2006, wanda ya ce daɗewa a aikin biyan yini kaɗai ba ta ba mutum haƙƙin a tabbatar da shi, domin sashe na 14 da na 16 na tsarin mulki sun tanadi damar neman aikin gwamnati ga kowa.

Yawan waɗanda ƙa'idar ta shafa yana raguwa, domin reluwe ta taƙaita ɗaukar sababbin leburori kai tsaye, kuma ayyuka da dama da suke yi a da, kamar shara da wasu gyare-gyaren layi, sun koma hannun 'yan kwangila. Ma'aikatan 'yan kwangila ba ma'aikatan reluwe ba ne a doka, don haka ƙa'ida ta 31 ba ta shafe su ba. Waɗanda suke cin gajiyarta a yanzu yawancinsu tsofaffi ne da suka fara aiki a shekarun 1970 da 1980, da kuma iyalansu.